Yadda ake kallon fim ɗin almara mai salon gotik a gida ba tare da an lalata duhunsa ba

Fim ɗin almara mai salon gotik, irin wanda ake kafa labarinsa a tsohuwar fada da ta fara rushewa, ko a kurmi mai hazo, ko a maƙabartar da ciyawa ta cinye, ya bambanta da sauran fina-finai ta fuska guda da ta shafi mai kallo a gida: mafi yawan aikin da aka zuba a cikinsa yana zaune ne a ɓangaren hoto mafi duhu. Fim ɗin barkwanci da aka ɗauka da rana tsaka zai fito yadda ya kamata a kusan kowane talabijin, amma wanda aka haska da kyandir uku da farin watan da ya ratso ta taga ba shi da wannan sauƙin kai. Idan na'ura ta ɗaga duhun, bango ya koma toka-toka, tsoron ya gudu, har a hango inda kafinta ya haɗa katako da katako. Idan kuma ta danne shi, rabin ɗakin ya ɓace, tufafin da aka shafe watanni ana ɗinkawa su zama baƙin dunƙule marar siffa.

Saboda haka matakan da ke ƙasa duk abu guda suke karewa, wato ɗan siririn tsanin da ke tsakanin baƙi ƙirin da abin da ya kusa zama baƙi. An jera su ne bisa yadda ya kamata a bi su, kuma sayen sabon talabijin ba ya cikinsu, domin sau da yawa ba a nan matsalar take ba.

Mataki na farko: sanin abin da masu fim suka gina

Kafin a taɓa rimot, ya kamata mutum ya san abin da yake ƙoƙarin karewa, domin wanda bai san yadda aka tsara hoton ba zai ɗauki abin da aka yi da gangan a matsayin kuskure, ya shiga gyaran abin da lafiyarsa ƙalau.

Tushen salon yana cikin gini. A ƙarni na 12 aka fara irin wannan gini a arewacin Faransa, kuma ana yawan ambaton majami'ar Saint-Denis da ke kusa da Paris, wadda aka keɓe sabon sashenta a shekarar 1144, a matsayin mafarinsa: baka mai tsini, ginshiƙai dogaye, rufi mai haƙarƙarin dutse, da manyan tagogi na gilashi mai launi. Maginan wancan zamani haske suke nema ya cika ginin. Marubutan Ingila na ƙarni na 18 da na 19 ne suka ɗauki kangayen waɗannan gine-gine suka mayar da su mazaunin fatalwa da ɓoyayyen asirin dangi, daga hannunsu kuma sinima ta gada. Abin da ya biyo salon har cikin fim shi ne miƙewa sama. Ƙofa ta fi mutum tsawo ninki biyu ko uku, matakala tana hawa har ta shige duhu, bishiyoyi suna miƙe kamar ginshiƙai, duk domin ɗan Adam ya zama ƙarami a cikin hoton. Wannan ne ya sa da yawa daga fitattun fina-finan salon aka ɗauke su a sikelin 1.85 bisa 1 (wato faɗin hoto bisa tsayinsa), wanda yake da tsayi, maimakon 2.39 bisa 1 mai faɗi da aka saba gani a fina-finan yaƙi.

Sai haske. A fim ɗin Jamus na shekarar 1920, The Cabinet of Dr. Caligari, da fenti aka zana inuwa a kan bango da daɓe, kuma duk da cewa yau fitila ce ke yin wannan aiki, tunanin bai sauya ba: inuwa wani ɓangare ne na ginin, an tsara inda za ta faɗi da inda za ta tsaya. Mai ɗaukar hoto yakan kafa fitila mai ƙarfi guda ɗaya daga gefe ko daga baya, ya rage fitilar da ke cike inuwa ƙwarai, har rabin fuskar ɗan wasa ya nutse. Yakan kuma haɗa haske iri biyu su yi karo, na kyandir mai ɗumi, wanda a ma'aunin launin haske yake kusa da digiri 1,900 na Kelvin, da na wata mai sanyi. Shuɗin da ake ba farin wata al'adar sinima ce kawai, domin hasken wata hasken rana ne da ya dawo, kuma ba shuɗi ba ne. Idon mutum ne yake karkata zuwa shuɗi idan haske ya yi ƙaranci, masu fim kuma suka kwaikwayi wannan ji.

Hazo yana da aiki na musamman wanda mutane da yawa ba sa lura da shi. Ana busa hayaƙi a situdiyo domin ya raba hoton gida uku, gaba da tsakiya da can baya, ya kuma sa hasken da ya shigo ta taga ya zama sanda da ido ke gani. Sakamakon haka, a wurin da hazo yake, baƙin ba ya kai wa ƙirin, yakan ɗan yi fari-fari, kuma haka aka so shi. Wanda ya ga haka ya ruga ya rage haske domin ya dawo da baƙin, ya shafe zurfin da aka sha wahalar samarwa.

Tufafi ma da wannan lissafi ake ɗinka su. Mai tsara sutura ya san cewa baƙin yadi a cikin baƙin ɗaki ba zai fito ba, don haka yakan haɗa karan-miski da ke shanye haske da siliki da ke mayar da shi, ya ɗora leshi ko duwatsun ado, ko ya zaɓi kore ko ruwan ƙasa mai duhu sosai wanda kyamara za ta gani kamar baƙi amma mai rai. Launi kuwa ana tsimin sa. A Crimson Peak na shekarar 2015, wanda Guillermo del Toro ya ba da umarni, aka kuma gina gidan da labarin ya gudana a cikinsa bene-bene a wani situdiyo a Toronto, sashen da ya faru a Amurka an ba shi launin zinariya da ruwan zuma, sashen Ingila ya koma shuɗi da kore masu sanyi, aka keɓe ja domin fatalwa da jar lakar da ke tsattsafowa daga ƙarƙashin gidan. Talabijin da ke ƙara wa kowane launi ƙarfi zai sa leɓe da kumatu da katako duk su yi ja, wannan keɓewa ta tashi a banza.

Mataki na biyu: zaɓen kwafin da za a kalla

Abin da babu shi a cikin kwafi, babu saitin da zai dawo da shi. Duk bidiyon da ya iso gida an matse bayanansa, kuma manhajar da ke matsewa tana fara yin rowa ne a inda take zaton ido ba zai lura ba, wato wurare masu duhu da wurare masu laushi marasa gefe. A fim ɗin gotik kuwa waɗannan wurare su ne fim ɗin. Hazo mai motsi a cikin duhu yana daga cikin abubuwan da suka fi wahalar matsewa, shi ya sa a kwafi mai rauni za ka ga sararin samaniya na dare ya rabu zobe-zobe, ko bango ya riƙa motsi da ƙananan murabba'ai. A watan Afrilun 2019, lokacin da aka nuna wani kashi na shirin talabijin mai suna Game of Thrones da aka ɗauki yaƙinsa duka da dare, ɗimbin masu kallo sun koka cewa ba sa ganin komai, mai ɗaukar hoton Fabian Wagner kuma ya ɗora wani ɓangare na laifin a kan matsewar da ake yi wajen watsawa da rashin daidaita talabijin da kallo a ɗaki mai haske.

Alƙaluman suna bayyana bambancin. Faifan DVD ba ya wuce megabit 10 a sakan (ma'aunin yawan bayanan da ke gudana), da layuka 480 ko 576. Faifan Blu-ray, wanda ya fito a 2006, yana ɗauke da ɗigo 1,920 a 1,080, bidiyonsa kuma yana iya kai wa megabit 40. Ultra HD Blu-ray na 2016 yana da ɗigo 3,840 a 2,160, wato abin da ake kira 4K, kuma ƙa'idarsa ta ba da dama har megabit 128 a faifai mai gigabait 100. A ɗaya ɓangaren, Netflix na cewa intanet mai gudun megabit 15 ta isa a kalli 4K. Manhajojin matsewa na yanzu sun fi na da ƙwarewa, wannan gaskiya ne, amma tazarar tana da faɗi, kuma a cikin inuwa take bayyana. A ganina, ga irin wannan fim, Blu-ray na yau da kullum da aka yi da kyau yakan fi 4K na intanet riƙe hazo da ɓarɓashin fim, wato ƙananan ɗige-ɗigen da ke rawa a kan hoton da aka ɗauka da fim na gaske, ko da yake na intanet ɗin ya fi shi yawan ɗigo.

Akwai wani ma'auni da ya fi yawan ɗigo muhimmanci a nan, wato yawan matakan da ke tsakanin baƙi da fari. DVD da Blu-ray suna amfani da bit 8, inda baƙi yake a lamba 16, fari a 235, matakai 220 ke nan gaba ɗaya. Kashi ɗaya cikin goma na ƙasan wannan tsani, kimanin matakai 22, shi ne ke ɗauke da duk abin da haskensa bai kai rabin nit ɗaya ba (nit ma'aunin hasken allo ne) a allon da farinsa ke kan nit 100, kuma a cikin waɗannan 'yan matakai ne doguwar farfajiyar fada da dare take zaune. Faifan 4K yana amfani da bit 10, matakansa sun ninka sau huɗu, don haka hayaƙi ke narkewa cikin duhu sumul ba tare da zobba ba. Wannan ita ce babbar ribarsa ga fim ɗin gotik, ta fi ƙarin kaifi nesa ba kusa ba.

A kuma duba wace fitowa ce, domin fim guda yana iya samun kwafi biyu da ba su yi kama da juna ba. Bram Stoker's Dracula na Francis Ford Coppola, wanda ya fito a 1992, misali ne sananne: Blu-ray ɗinsa na 2007 ya jawo muhawara saboda masu kallo da dama sun ga ya yi duhu fiye da yadda suka san shi, sai a 2015 aka sake fitar da shi daga sabon kwafi na 4K. Idan bayan kwalin ya ce darakta ko mai ɗaukar hoto ya sa ido a aikin, alama ce mai kyau, ko da yake ba tabbaci ba ce. Wanda intanet kaɗai gare shi, ya shiga saitin manhajar ya zaɓi inganci mafi girma da hannunsa maimakon barin ta ta zaɓa, ya haɗa talabijin da waya idan zai yiwu, ko ya sauke fim ɗin a mafi girman inganci kafin lokacin kallo.

Mataki na uku: ɗakin

Wannan mataki ba ya cin ko sisi, amma ya fi duk sauran tasiri. Masu gyaran launi suna aiki ne a ɗaki mai duhu wanda bangon da ke bayan allonsu bai wuce hasken nit 5 ba, a gidan sinima kuma farin allo kansa kimanin nit 48 ne kawai, amma yana isa saboda babu wani haske da ke gasa da shi. Kwan fitila guda a rufin falo yana zuba haske a fuskar talabijin wanda ya fi duk abin da ke cikin inuwar fim ɗin ƙarfi, ya kuma tsuke ƙwayar idon mai kallo. Don haka a saki labule, a kashe duk fitilar da ke gaban allo ko samansa, sa'an nan a zauna a wurin kallo talabijin yana kashe a duba fuskarsa: duk abin da aka hango a ciki, taga ce ko farar riga ko ƙaramar fitilar wata na'ura, zai zauna a kan hoton tun daga farkon fim har ƙarshensa.

Duhu dunɗum ba dole ba ne, kuma ga talabijin na LCD, mai fitila a bayan allonsa, yana iya tona asirin baƙinsa. Mafita ita ce ƙaramar fitila a bayan talabijin, tana haska bango ba ido ba, farinta na digiri 6,500 na Kelvin, ƙarfinta kuma kada ya wuce kashi 10 cikin ɗari na farin allon. Tana sa ido ya ga baƙin ya ƙara zurfi, tana kuma rage gajiya. Fitilu masu sauya launi suna bin hoto ado ne na ɗaki, a kashe su, domin jan haske a bango yana sauya yadda ido ke karanta shuɗin da ke kan allo. Mai amfani da majigi kuwa ya sani cewa farin bango da farin rufi suna mayar da haske kan allon, su wanke baƙin, ko da an kashe kowace fitila.

Game da nisa, ana so allon ya cika tsakanin digiri 30 zuwa 40 na ganin mutum. Ga talabijin mai inci 55 wannan yana nufin zama tsakanin mita 1.7 da 2.3, ga mai inci 65 kuma tsakanin mita 2 da 2.7. A zauna daidai tsakiya, ido a saitin tsakiyar allo. A kuma ba ido lokaci, domin yana ɗaukar minti 20 zuwa 30 kafin ya gama sabawa da duhu, kuma duba waya sau ɗaya a tsakiyar fim yana mayar da hannun agogo baya.

Mataki na huɗu: kashe ƙarin da talabijin ke yi

Talabijin yakan fito daga masana'anta da saitin da aka tsara domin ya ɗauki ido a kanti mai fitilu, kuma kusan duk ƙarin da yake yi wa hoto gyaran gangar Abzinawa ne ga fim ɗin gotik. Hanya mafi sauri ita ce zaɓen Filmmaker Mode, wanda ƙungiyar UHD Alliance ta sanar a 2019 ya kuma fara zuwa a talabijin na 2020. Idan babu shi, a zaɓi yanayin sinima ko na fim. Da farko hoton zai yi kamar ya yi rawaya-rawaya, saboda ido ya saba da fari mai shuɗi, amma wannan shi ne farin digiri 6,500 da aka gyara fim ɗin a kansa, kuma cikin ɗan lokaci ido zai daina ganin rawayar. Idan aka bar farin a kan sanyi, wutar kyandir takan yi fari-fari, karon da aka shirya tsakaninta da hasken wata ya dushe.

Daga nan a bi sauran ɗaya bayan ɗaya. A kashe santsin motsi, wanda LG ke kira TruMotion, Sony ke kira Motionflow, tsofaffin Samsung kuma Auto Motion Plus: fim hotuna 24 ne a sakan, talabijin kuma yana ƙirƙiro wasu ya cusa a tsakani, sai fadar da aka gina ta koma kamar dandalin wasan kwaikwayo da aka ɗauka da kyamarar labarai. A sauke kaifi zuwa inda ba ya ƙara komai, domin yana zana farin layi a gefen kowane reshe da kowace hasumiya. A kashe mai rage ɓarɓashi, a kashe mai ƙara tazarar haske da duhu da kansa, a kashe yanayin tsimin wuta da na'urar da ke auna hasken ɗaki. A ƙarshe a tabbata ba a zuƙo hoton ba. Fim mai sikelin 1.85 yana barin siraran baƙaƙen layuka sama da ƙasa a allon 16 bisa 9, kuma wanda ya zuƙo domin ya kawar da su ya yanke gefen hoton.

Mataki na biyar: daidaita baƙin

A nan ne ya kamata a ɓata lokaci. Akwai maɓallai biyu da ake yawan rikitawa. Ɗaya yana sarrafa ƙarfin fitilar allon gaba ɗaya, ɗayan kuma yana tsayar da inda baƙi ya fara. Na biyun ne muke nema, kuma sunansa ya danganta da kamfani: a wasu an rubuta Brightness, a wasu Black Level, a sababbin Samsung kuma Shadow Detail. Ana gane shi da aikinsa, domin idan aka ɗaga shi baƙaƙen layukan sama da ƙasa za su koma toka.

Ana daidaita shi da hoton gwaji da ake kira PLUGE, wanda injiniyoyin BBC suka ƙirƙiro, ana kuma samun sa a faifan gwaji da cikin wasu na'urorin kallo. Hoton yana da sanduna a kan baƙin fage, wata ta fi baƙi duhu kaɗan, wata ta fi shi haske kaɗan. A ɗaga maɓallin har dukansu su bayyana, sa'an nan a riƙa saukewa ɗaya-ɗaya har sandar da ta fi baƙi duhu ta narke cikin fagen, wadda ta fi shi haske kuma tana nan ana hango ta da ƙyar. A yi wannan a cikin duhun da za a yi kallon, daga kujerar da za a zauna. A yawancin talabijin na zamani lambar da yanayin fim ya zo da ita daidai take ko kusa da daidai, don haka idan aka ga sai an matsa da nisa sosai, matsalar tana wani wuri.

Wannan wurin kuwa yawanci wayar HDMI ce, wadda ke haɗa na'urar kallo da talabijin. Na'urar bidiyo tana ɗaukar 16 a matsayin baƙi, kwamfuta kuma tana ɗaukar sifili. Idan na'urar da ke aikowa da talabijin ba su yi magana da harshe ɗaya ba, ɗayan biyu ne zai faru: ko dai komai ya yi fari-fari kamar an shafa masa toka, ko kuma matakan ƙasa goma sha shida su haɗe su zama baƙi guda. A sa duka biyun a kan taƙaitaccen zango (wanda baƙinsa ke kan 16) ko a kan zaɓi na atomatik, musamman idan da kwamfuta ko na'urar wasan bidiyo ake kallon. Sai saitin gamma, wato yadda hoto ke fita daga duhu zuwa haske: 2.4 ga ɗaki mai duhu, 2.2 idan akwai ɗan haske da ba a iya kawarwa ba.

HDR, wato tsarin hoto mai faɗin tazara tsakanin haske da duhu, yana da nasa hali da ke ba mutane mamaki. A hoto na yau da kullum, idan ɗaki yana da haske, ana iya ɗaga fitilar allo ta ninka abin da aka tsara sau biyu ko uku, inuwa ta biyo ta. A nau'o'in HDR kuwa, irin su HDR10 da Dolby Vision, kowace lamba tana da takamaiman haske, kuma fitilar ta riga ta kai ƙarshenta domin a tanadi ƙarfi ga walƙiya da harshen wuta. Wurin da aka gyara a kan nit ɗaya zai fito a nit ɗaya, ko da rana ko da dare. Shi ya sa mutum zai sayi faifan 4K ya ga ya fi tsohon Blu-ray ɗinsa duhu, ya zaci an cuce shi, alhali ɗakinsa ne bai dace da kwafin ba. Idan dole ne a yi kallon da rana, ko kuma talabijin ɗin ƙarami ne wanda ke karɓar HDR amma ba shi da ƙarfin nuna shi, kwafin yau da kullum ya fi.

Irin allon ma yana da nasa rabo. A OLED kowane ɗigo yana kashe kansa, baƙinsa cikakke ne, sai dai wasu sukan haɗiye matakin farko ko na biyu da ke saman baƙi, wanda ɗaga maɓallin da lamba ɗaya ke iya magancewa. LCD nau'in IPS tazararsa kusan 1,000 bisa 1 ce, wato idan fari yana nit 100 baƙi yana kan kashi ɗaya cikin goma na nit, wanda ya isa ya binne matakan ƙasa. Nau'in VA ya ninka haka sau uku ko fiye, amma yana wankewa idan aka kalle shi daga gefe. Idan talabijin yana rage fitilarsa yanki-yanki, a bar wannan a kunne, sai dai a sa ido kan nason haske a kewayen kyandir. Rubutun fassara fari fat shi ne babban mai jawo wannan naso, domin duk sa'ad da ya bayyana yana tayar da fitilun ƙasan allo, baƙin ya riƙa numfashi da kowace jimla. Mayar da rubutun ruwan toka da rage girmansa yana kashe yawancin matsalar.

Mataki na shida: sauti

Rabin girman fadar a kunne yake, a amsa-kuwwar taku da ƙarar katako da gurnanin iska. Lasifikar da ke cikin siririn talabijin ba ta iya fitar da ƙananan muryoyin nan, kuma wanda ba shi da manyan lasifiku zai sami fiye da yadda yake zato daga abin sauraro na kunne mai kyau. Yanayin dare, wanda ke ɗaga raɗa ya danne tsawa, yana da amfani idan akwai masu barci, amma yana rage firgitar da aka gina a kan doguwar shiru, don haka a kashe shi idan hali ya yi. Idan magana ce ba ta fita, a ƙara wa lasifikar tsakiya kaɗan maimakon ɗaga komai, wanda ke da lasifikar gurnani kuma ya fara da raba muryoyi a kan hez 80 (ma'aunin kaurin murya), wato abin da ke ƙasa da haka ya tafi gare ta.

Mataki na bakwai: gwaji da fim ɗin kansa, da rarrabe nufi da aibi

Hoton gwaji yana kai mutum bakin ƙofa ne kawai. A zaɓi wurare uku a cikin fim ɗin a tsayar da hoto a kowanne. Na farko, wurin da mutum ke tafe da kyandir a cikin gida: ya kamata a ga harshen wutar da siffarsa da ɗan launi a cikinsa, ba farin dunƙule ba, a ga sassaƙar da ke jikin makarin matakala kusa da shi, a ga ninkin baƙar rigarsa dabam da bangon da ke bayansa, can ƙarshen farfajiya kuma a ji akwai ƙofa ko da ba a iya cewa ga launinta. Idan ana ganin kowane lungu sarai, an ɗaga baƙin da yawa. Idan rigar da bangon sun zama abu ɗaya, an danne shi. Na biyu, waje da dare cikin hazo, inda ake neman narkewa sumul daga hasken wata zuwa duhu. Na uku, fuska kusa da kyamara, domin a tabbata ana ganin ƙofofin gashin fata. 'Yan wasan irin wannan fim sukan yi fari kamar marasa jini saboda kwalliya da gyaran launi, kada a ƙara launi domin a ba su lafiya.

Wasu abubuwa suna kama da aibi amma na fim ɗin ne. Ɓarɓashin da ke rawa a kan hoto, idan da fim na gaske aka ɗauka, jikin hoton ne, kuma yakan yi yawa a wuraren duhu. A tsofaffin fina-finai hoto yakan ɗan yi laushi dab da inda wani wuri ke narkewa cikin wani, ko inda aka ɗora fatalwa a kan hoto, saboda an sake kwafe wannan yanki a ɗakin wanki. Launi da ya kusa mutuwa tare da baƙi mai nauyi shi ma salo ne, wanda a shekarun 1990 ake samarwa ta hanyar barin wani ɓangare na azurfa a jikin fim lokacin wanki. Fina-finai da dama na shekarun 2000 kuma a 2K, mai ƙarancin ɗigo fiye da 4K, aka kammala su, don haka faifansu na 4K ba zai zo da sabon kaifi mai yawa ba, ribarsa tana wajen launi da matakan duhu.

Aibi na gaske yana da alamominsa: zobba a cikin hazo, murabba'ai masu motsi a bango, fuska mai santsi kamar kakin zuma, farin layi a gefen abubuwa, ɓarɓashi da ya daskare wuri guda ko yake bin mutum idan ya motsa. Hanyar gane mai laifi mai sauƙi ce. Idan an kashe duk ƙarin talabijin kuma aibin yana nan a wuri guda kowane lokaci aka maimaita, daga kwafin yake, sai a nemi wata fitowar. Idan yana zuwa yana tafiya, intanet ce. Idan kuma ya bayyana a kowane fim, a koma mataki na huɗu da na biyar.

Bayan an gama, a rubuta lambobin a ajiye, domin yawancin talabijin suna riƙe saiti dabam ga kowace ƙofar HDMI da manhajojin cikinsu, suna kuma riƙe wani dabam ga hoto na yau da kullum da HDR10 da Dolby Vision. Saitin HDR ba ya ma bayyana sai an kunna fim mai HDR, don haka sai an maimaita mataki na huɗu a kowanne, a kuma sake dubawa duk lokacin da talabijin ya sabunta manhajarsa, tunda sabuntawa takan mayar da wasu maɓallai inda masana'anta ta bar su.